Yadda na samo faifan tuni

A labarin da nake rubutawa akwai wani birni mai ganuwa da ƙofofi tara, wanda ba za a same shi a taswirar kowa ba. Mutanensa ba su san takarda ba, ba su san tawada ba. A cikinsu akwai yarinyar da aka kashe mahaifinta tana goye a bayan uwarta, kuma labarin ba zai motsa ba sai ta ga wannan rana da idonta. Uwar ta rasu, shaidu sun watse. To da me za ta gani? Nan na tsaya cak har wata bakwai. Abin da nake nema shi ne wani kayan sihiri da mutanen birnin ke zuba abin da suka gani a cikinsa su ajiye, wani ya zo daga baya ya buɗe.

Da madubi na fara, don shi ne ya fi kusa da hannu. Mutum ya tsaya a gabansa ya tuna, madubi ya haɗiye, gobe wani ya shafa ya gani. Na rubuta shafi goma sha biyu a haka na ba ƙanwata. Ta karanta ta miƙo mini, ta ce, "Yaya, wannan ai talabijin ce." Gaskiya ta faɗa. Babu wahala a cikinsa, babu hannun kowa, hoto ne kawai ke fitowa tas. Na koma ƙwarya da ruwa, a leƙa a ga abin da ya wuce, sai na ga na kama hanyar masu duba, kuma ba na so mai karatu ya ɗauka su nake yi wa talla. Wanda ya fi jan zuciyata shi ne allo: a rubuta, a wanke, a sha. Duk wanda ya tashi a ƙasar Hausa ya san ɗanɗanon rubutu, da ɗan ƙamshin gawayi da ƙaro na tawada. Amma allo na Alƙur'ani ne, raina bai ba ni in ɗauke shi in kai shi gidan sihiri ba. Ga shi kuma na riga na ce mutanen birnin ba su da rubutu. Na haƙura da shi.

Ana cikin haka aka dawo da Iya gidanmu, kakata ta wajen uwa. Ba ciwon kwanciya ne ya kawo ta ba, gigin tsufa ne. Ta ci tuwo ta wanke hannu, ta ce tun safe ba a ba ta komai ba. Ta dube ni ta kira ni da sunan ƙanwarta da ta rasu tun kafin a haifi mahaifiyata. Ni da take kira kishiyarta tun ina rarrafe, take cewa na zo ƙwace mata miji, yau ni take tambaya 'yar gidan wa ce. Wanda bai zauna da mai wannan larura ba ba zai gane nauyinta ba. Mutum yana gabanka da ransa da lafiyarsa, amma kullum ana kwashe shi kaɗan-kaɗan.

Da muke gyara adakarta muka samu kaset ɗaya a naɗe cikin tsohon kallabi. Kawuna ne ya aiko shi daga Jidda tun kafin a haife ni. Manyanmu sun san wannan al'ada: mai nisa ya sayi kaset, ya zauna ya yi ta magana, ya gaida kowa da sunansa har jariri, ya ba alhajin da zai dawo gida ya kawo. Irin mai minti 30 a kowane gefe ne. Kawu ya daɗe da rasuwa. Da ƙyar muka samo aron rikoda mai aiki, muka zauna a tsakar gida muka kunna. Muryarsa ta fito sarai yana gaida kawunnai da gwaggwanni, har ya zo kan mahaifiyarsa. Nan murya ta fara rawa, ta yi ƙasa, ta koma kamar ana magana a cikin rijiya, sai da ya wuce gaisuwarta sannan ta sake washewa. Mahaifiyata ta ce, "Ai wurin nan Iya take mayarwa baya kullum. Ta ji, ta mayar, ta ji, ta mayar." Wurin da ta fi so a cikin zaren nan shi ne wurin da ya fi cinyewa. Na kwana ina juya wannan a raina.

Washegari yayana ya ce gara a kai kaset ɗin a juye shi a kan faifai kafin ya ƙarasa lalacewa. Iya tana zaune kusa. Jin an ce faifai, sai ta miƙa hannu ta ɗauke wanda aka rufe mata ƙwaryar fura da shi, ta miƙa masa. Kowa ya yi shiru. Ni kuwa idona yana kan abin da ke hannunta.

Sau nawa na faɗi kalmar nan ban taɓa tsayawa na dube ta ba? Faifan garmaho, faifan bidiyo, faifan sidi. Da Bahaushe ya ga baƙin abin nan mai faɗi mai zagaye-zagaye yana fitar da murya, bai je neman suna a nesa ba, ya leƙa ɗakin mata ya ɗauko. Kuma wannan kama ba ta tsaya a ido ba. Na'urar ɗaukar murya da Ba'amurke Thomas Edison ya ƙera a 1877 a kan wani ɗan gwangwani take riƙe murya, daga baya aka koma mai faɗin, inda allura ke bin layi guda ɗaya tak da ya naɗe kansa tun daga baki har tsakiya. Sidi kuwa daga tsakiya ake fara karanta shi zuwa baki. Faifan kaba ma layi ɗaya ne: daga cibiya ake farawa, a yi ta zagaye har a kai inda ake so. Hatta ɗaukar murya, naɗa muke cewa, kamar rawani, kamar zare. Ashe abin da na yi wata bakwai ina nema yana kan ƙwaryar fura, harshenmu ya riga ni gano shi.

Sai dai ban iya saƙa faifai ba. Na san a bakace da shi, a yi fifita da shi, a jera shi a bangon amarya, amma ban taɓa riƙe kaba da niyyar aiki ba. Na ga in dai ban sani a hannu ba, ƙarya zan rubuta. Sai na shirya na tafi wajen Gwaggo, yayar mahaifina, wadda da wannan sana'a ta aurar da 'ya'ya. Da na faɗa mata abin da ya kawo ni ta ce, "'Yar nan, ke da biro ne aikinki, me ya haɗa ki da basilla?" Amma ta shimfiɗa mini tabarma.

Kwana biyu na farko ban taɓa basilla ba. Kaba, wato ganyen ƙaramar goruba, sai an shanya ta, an tsage ta siri-siri, an jiƙa ta ta yi laushi, in ba haka ba karyewa za ta yi a hannu. Wadda za a rina a dafa ta da galura. Gwaggo ta ce a da can, ja daga karan dafi ake samu, shuɗi daga baba, ruwan ɗorawa daga gangamau. Sai ciyawar da ake yi wa faifan ciki da ita, a tattara ta tsinke-tsinke ta zama kamar igiya. Aikin kansa a baki ba shi da wuya: ki huda zagayen da ya gabata da basilla, ki zura kaba, ki naɗe ciyawar, ki ja, ki sake hudawa. A hannu kuwa wani abu ne daban. Cibiya ta fi komai wuya, don babu abin riƙewa tukuna. Sau biyar tana warware mini ita. Babban yatsana ya yi bororo ya fashe. Ta ce in sa man kaɗanya in ci gaba.

Ranar ta huɗu ce ta ba ni labarina gaba ɗaya. Ta ɗauko wani tsohon faifai daga kan randa don ta nuna mini yadda ake haɗa sabuwar kaba da wadda ta ƙare. Tana shafa shi sai ta tsaya. "Kin ga nan? Raina a ɓace yake ranar, dubi yadda na matse shi har ya ɗan kumbura. Nan kuma baƙi suka yi sallama na ajiye, sai bayan kwana uku na ɗauka, kin ga hannun ya canza. Wannan jan ba nawa ba ne, nawa ya ƙare na karɓo na maƙwabta." Ta bi faifan nan da yatsa tun daga cibiya har baki tana karanta mini wata guda na rayuwarta, abin da ya wuce shekara da shekaru. Ni ina ganin kaba, ita tana ganin kwanaki. Ban ƙirƙiri sihirin ba, ɗan ƙara masa gishiri kawai na yi.

Na dawo gida da faifaina ɗan ƙarami mai karkace, wanda ya ci mini kwana tara, na zauna na tsara yadda abin yake a birnin nan mai ƙofa tara. Suna kiransa faifan tuni. Mutum ba ya saƙa nasa, sai su biyu: mai tuni da masaƙiya. Mai tuni ya zauna ya riƙe jiƙaƙƙiyar kaba a tafin hannunsa, ya rufe ido ya koma ranar da yake so ya ajiye, in kabar ta yi ɗumi ya miƙa wa masaƙiya, ya ɗauki wata. Ba ya magana. Da yake faifai ba ya saƙuwa a wuni ɗaya, dole ya dawo gobe da jibi ya sake shiga ranar nan, ko da ita ce mafi ɗacin ranakunsa. Shi ya sa ba kowa ke yi ba, kuma ba a yi don abin banza. Faifai mai faɗin tafin hannu yana ɗaukar kamar tsawon tafasar tukunya ɗaya. Wanda zai ɗauki wuni guda kuwa sai ya kai faɗin bakin rijiya, irin wannan sai gidan sarki.

Buɗewar na ɗauko ta daga sirace. A zuba ruwan zafi a ƙwarya, a rufe da faifan, mai so ya gani ya lulluɓa da mayafi, ya ɗora yatsa a kan cibiya ya fara bin layi. Na daɗe ina tunanin abin da zai fara zuwa, har na tsaya a kan ƙamshi. Kowa ya san yadda warin ƙasa bayan ruwan farko, ko turaren wani wanda ya rasu, ke jefa mutum shekara ashirin baya kafin ya ankara. Don haka a faifan tuni hanci ne ke fara isa, sai kunne, ido shi ne na ƙarshe. Kuma ba kallo ake yi daga gefe ba. Cikin jikin mai tunin ake shiga: in yana jin yunwa ranar, za ka ji, in ƙaya ta soke shi, kai ma za ka ɗingisa. Abin da bai lura da shi ba kuwa babu shi. Wanda ya tsaya a bayansa, ko fuskar da bai kalla ba, fari ne fat kamar kabar da ba a rina ba.

Tambayar da ta fi ba ni wahala ita ce ko faifan zai iya ƙarya. Da farko na so ya zama shaidar da ba a musu, don hakan zai sauƙaƙa mini ƙarshen labari: a kawo faifai gaban alƙali, mai laifi ya sunkuyar da kai. Sai na tuna wani gwaji da masana halayyar ɗan Adam, Elizabeth Loftus da John Palmer, suka yi a Amurka a 1974. Sun nuna wa mutane fim ɗin haɗarin mota, sannan suka tambaye su gudun motocin. Wasu an tambaye su da kalma mai sauƙi, kamar a ce motocin sun bugi juna, wasu da kalma mai zafi, kamar a ce sun ragargaji juna. Bayan mako ɗaya aka tambaye su ko sun ga fasasshen gilashi. Babu gilashin da ya fashe a fim ɗin. Amma cikin mutum 50 da aka yi wa tambaya mai zafi, 16 sun ce sun gani, a ɗaya rukunin kuwa 7 ne. Kalma ɗaya ta dasa musu abin da idonsu bai gani ba, kuma ba ƙarya suke yi ba, iyakar abin da suke tunawa ke nan. Mu ma mun san wannan a gida. A tara 'yan uwa uku su ba da labarin ranar rabon gado, za a ji rana uku daban-daban, kowa kuma a shirye yake ya rantse.

Don haka na yanke cewa faifan tuni ba ya ɗaukar ƙarya da gangan, kabar ƙin ɗumi take yi. Amma yana ɗaukar kuskure da zuciya ɗaya. Daga nan ne na samu babin da na fi so a duk littafin: manoma biyu suna rikicin iyakar gona, kowa ya kawo faifan ubansa. Alƙali ya shiga na farko ya ga tsamiya a dama da turke, ya shiga na biyu ya gan ta a hagu, ya fito daga mayafi gumi na zuba, ya rasa ta cewa. Da madubina na farko da wannan babi bai samu ba.

Sai launi. Masaƙiya ce ke zaɓar kabar da za ta miƙa wa mai tuni, kuma launi yana rina abin da aka ajiye. Ja yana ƙara wa tsoro da fushi kaifi, shuɗi yana sa komai ya yi nauyin makoki, ruwan ɗorawa yana tausasa abu har mugunta ta yi kama da wasa. Wannan ya sa masaƙa suka zama masu iko a birnin, ana girmama su ana kuma tsoronsu. Masaƙiyar kirki takan bar mai tuni ya zaɓa da kansa. Wadda aka saya ba sai ta canza komai ba, launi kawai za ta sauya.

Kaset ɗin Kawu shi ya ba ni doka ta ƙarshe, ita ce kuma ta fi taɓa ni. Duk lokacin da aka buɗe faifai, tururi yana sassauta shi, yatsa yana goge shi. Wurin da aka fi tsayawa shi ke fara tsinkewa. Uwar da ta ajiye dariyar ɗanta da ya mutu sai ta zaɓa: ta riƙa shiga kullum har dariyar ta ƙare, ko ta rataye faifan ta haƙura da ji don ya daɗe. Ana iya gyara shi, kamar yadda ake ɗinke fasasshiyar ƙwarya, amma sabuwar kaba sai wani ya ɗumama ta da abin da shi yake tunawa, ko yake zato. Faifan da aka gyara sau bakwai, wa zai ce na mai shi ne har yanzu? Ga gara, ga ɓera, ga rimar damina. A birnin akwai rumbunan da ba a zuba hatsi a cikinsu, faifai kawai, ana barbaɗa musu toka, da tsofaffin da aikinsu ke nan.

Da na gama wannan, babin yarinyar ya rubuta kansa cikin dare biyu. Ta samu faifan uwarta a wajen wata tsohuwar masaƙiya. Ta lulluɓa, ta ji warin hayaƙin kara, ta ji nauyin goyo a bayanta, ta gane nauyin nan ita ce. Ta ji ƙafafun uwarta suna rawa. Ta bi layi har ta zo daidai inda mai kisan zai juyo, sai yatsanta ya faɗa rami. Uwar ta yi ta komawa wurin nan shekara da shekaru tana neman ta tabbatar da fuskar, har kabar ta cinye. Abin da ya rage mata murya ce, da tabo a bayan hannu, da kuma sanin irin son da uwarta ta yi wa mutumin da ke kwance a ƙasa. Da waɗannan za ta fita nema. Ina rubutawa ina share hawaye, don na san daga inda na ɗauko ramin nan.

Ƙanwata ta karanta ba ta ce komai ba, sai ta tambaye ni ina faifan da na saƙa a gidan Gwaggo. Na ɗauko mata shi, ban ma ƙarasa bakinsa ba, kaba da basilla suna maƙale a jiki. Ta kai wa Iya ta ɗora mata a cinya.

Iya ta juya shi, ta shafa. Yatsanta ya tafi kai tsaye kan cibiya, ya bi layi, ya tsaya inda na yi sako-sako. Ta ja tsaki. Ta zare basillar, ta ce a ba ta ruwa ta jiƙa kabar. Matar da ba ta san ko ta ci abinci ba, ga hannunta yana huda yana ja, huda da ja, ko kallon aikin ba ta yi. Ta ɗago ta dube ni sosai, ta ce, "Kishiya, wa ya koya miki wannan aika-aika? Haka za ki rufe wa mijina fura?"

Shekara ɗaya da rabi rabon da ta kira ni da wannan suna. Na durƙusa a gabanta na ce, "Ki gyara mini, Iya." Ta ce in matso in gani. Muka zauna har rana ta yi sanyi, ina miƙa mata kaba tana saƙawa, tana yi mini faɗa a kan yadda nake riƙe ciyawa.

Da aka kira magariba ta ajiye basillar, ta dube ni ta ce 'yar gidan wa ce ni. Na faɗa mata. Faifan yana rataye yanzu a saman teburin da nake rubutu. Zagaye biyu na ƙarshe nata ne, sun fi nawa matsewa, kuma ban ƙara komai a kansu ba.